A Kerala, Talaka Bashin Lafiya Yake Bin Gwamnati

Bahaushe ta ƙofa biyu ya san Indiya, fim da asibiti. Ni ta ƙofa ta biyu na shiga. Yayana aka ce sai an yi masa aiki a ƙashin baya. Muka sayar da abin da zai sayu, 'yan uwa suka haɗa abin da ya sawwaƙa, wani da ya taɓa kai mahaifinsa ya ba mu shawarar mu bar Delhi da Chennai mu nufi Kozhikode, birnin da Turawa suka daɗe suna kira Kalikut, a jihar Kerala, can kudu maso yammacin ƙasar a bakin teku. Aiki ya yi kyau, alhamdu lillahi. Asibitin kuɗin da muka kwanta ba shi da wani labari, akwai irinsa a kowane babban birnin Indiya, kuma mai kuɗi duk inda yake ba ya rasa magani. Abin da ya zauna mini a rai a bayan katangar asibitin na gan shi, cikin makonnin da likita ya ce mu zauna kusa ana yi wa Yaya gashin ƙashi.

Kerala ƙasa ce siririya mai tsawo, duwatsu a gabas, teku a yamma, ruwan sama kuwa idan ya kece sai ka ce ba zai ɗauke ba. Faɗinta bai kai na jihar Kaduna ba, amma ƙidayar 2011 ta sami mutum fiye da miliyan 33 a cikinta. Ba ka gane inda gari ya ƙare ƙauye ya fara. Gida ne bayan gida, kowanne a tsakiyar 'yar gonarsa ta kwakwa da ayaba da rogo, da rijiyarsa a gefe. Fiye da rabin mutanen Hindu ne, Musulmi sun ɗan haura kashi ɗaya cikin huɗu, Kirista kusan kashi ɗaya cikin biyar. A Kozhikode kiran salla na tashe ni da asuba kamar ina gida.

Abin da ya fara ɗaukar mini hankali jarida ce. Da sassafe mai adaidaita sahu yana jiran fasinja da jarida a hannu, mai sayar da kifi ta baza tata a kan tebur, dattawa sun cika teburin mai shayi ana karantawa ana musu. Kowace jam'iyya da jaridarta: Deshabhimani ta 'yan gurguzu, Chandrika ta jam'iyyar Muslim League, ga kuma manyan da kowa ke saya, Malayala Manorama da Mathrubhumi. A kowace mararraba akwai tuta, ja mai lauje da guduma, ko koriya mai jinjirin wata. Ban iya yarensu na Malayalam ba, amma hotunan shafin farko sun ishe ni gane abin da ake musu a kai: kwalbati ya karye, likita bai zo aiki ba, magani ya yanke a wani asibiti.

Mai gidan da muka kama haya tsohon malamin makaranta ne, Musulmi, ya yi shekaru yana aiki a Saudiyya kafin ya dawo gida. Da guntun Larabci da guntun Turanci muke fahimtar juna. Asalinsa mutumin gundumar Malappuram ne, maƙwabciyar Kozhikode, inda Musulmi suka kai kashi 70 cikin 100. Ranar da zai je karɓar maganin hawan jininsa a ƙauyensu ya ce in raka shi.

Asibitin ƙauyen gini ne madaidaici, ba wani ƙawa, amma tsaf yake. An yanki kati da 'yan rufi kaɗan, an ba shi lamba, muka zauna a benci. A jikin bango akwai allo ɗauke da sunayen ma'aikatan da ke bakin aiki da lokacin tashinsu. Akwai ɗakin gwajin jini, akwai wurin ba da magani, kuma maganin hawan jini da na ciwon suga kyauta aka miƙo masa. Tun daga 2017 gwamnatin jihar ta fara mayar da irin waɗannan ƙananan asibitoci abin da ta kira cibiyar lafiyar iyali, aka ƙara likitoci, aka tsawaita ganin marasa lafiya har ƙarfe 6 na yamma, don lebura ya samu zuwa bayan ya tashi aiki. Na tambayi Malam wa ake kai wa ƙara idan likita ya yi fashi. Ya nuna mini wani gini a tsallaken titi, ofishin majalisar ƙauye da suke kira panchayat. Shugaban majalisar shi ne shugaban kwamitin kula da asibitin. Albashin likita daga jiha yake zuwa, amma gyaran gini da ƙarin magani da ɗaukar ƙarin ma'aikata suna hannun majalisar. Shugabar tasu a lokacin mace ce, gidanta kuma kowa ya san shi. Malam ya ce idan asibitin ya kwana biyu babu likita, ba za ta sha shayin safe cikin kwanciyar hankali ba.

Wannan ɗan ginin da ke gabana yana cikin abin da ya haifar da alƙaluman da suka daɗe suna ba masana mamaki. A 2020, cikin kowane jarirai 1,000 da aka haifa a Kerala, 6 ne ke rasuwa kafin su cika shekara, alhali a Indiya baki ɗaya 28 ne. Binciken lafiya na ƙasa da aka yi a Najeriya a 2018 ya sami 67. Matan da ke rasuwa wajen haihuwa a Kerala 19 ne cikin 100,000 tsakanin 2018 da 2020, a Indiya 97, a binciken namu 512. Kusan kowace haihuwa a Kerala a asibiti ake yin ta. Waɗannan lambobi ba na iya karanta su da sanyin zuciya, don babu gidan da na sani a unguwarmu da bai taɓa zaman makokin mai jego ko jariri ba. Kuma ba arziki ne ya kawo wa Kerala wannan ba. A shekarun 1970 da 1980, lokacin da duniya ta fara lura da ita, abin da mutum ɗaya ke samu a jihar bai kai matsakaicin na Indiya ba. Shi ya sa a 1985 gidauniyar Rockefeller ta jera ta tare da Sin da Siri Lanka da Kosta Rika a matsayin wuraren da suka sami lafiya da kuɗi kaɗan.

Idan ka tambayi yadda aka yi, wasu za su fara maka da sarakuna. Gaskiya ne a 1817 sarauniyar Travancore, ɗaya daga cikin tsoffin masarautun yankin, Gouri Parvati Bayi, ta yi shelar cewa ɗaukar nauyin karatun talakawa aikin hukuma ne. Gaskiya ne masarautar ta rungumi lambar agana da wuri, 'yan mishan sun buɗe makarantu da asibitoci, kuma a 1938 mace, Dakta Mary Poonen Lukose, ta zama shugabar likitocin masarautar. Amma a wannan ƙasar dai aka fi ko'ina tsananta wariyar asali. Akwai mutanen da ba a yarda su taka hanyar da manya ke bi ba, aka ƙayyade musu nisan da za su tsaya idan sun hango ɗan babban gida, aka hana 'ya'yansu shiga aji. Asibitin sarki bai amfani wanda aka hana bin hanyar zuwa asibitin ba. Sai da waɗannan mutane suka tashi da kansu. A 1893 Ayyankali, ɗan ƙabilar Pulaya da ake bautarwa a gonaki, ya sayi amalanken shanu ya hau ya bi hanyar da aka haramta musu. Daga baya ya jagoranci leburorin gona suka ajiye aiki, suka ce ba mai taɓa shinkafar masu ƙasa sai an karɓi 'ya'yansu a makaranta. Yajin aiki saboda karatun yara! Na daɗe ina juya wannan a raina.

Akwai kuma hujjar da ta fi ƙarfi, kuma a kanta nake tsaye ranar da na raka Malam asibitin, wato Malabar. Yankin da Kozhikode da Malappuram suke bai taɓa zama ƙarƙashin waɗancan sarakuna ba, Ingila ce ke mulkinsa kai tsaye daga Madras. Lokacin da aka haɗa jihar Kerala ranar 1 ga Nuwamba 1956, Malabar tana can baya a karatu da asibitoci. Musulminta, waɗanda Turawa suka murƙushe bayan boren 1921, suna ƙyamar makarantar Bature, ƙyamar da mu ma mun san irinta, musamman ga 'ya'ya mata. Cikin shekara talatin aka cike mafi yawan wannan tazara, kuma da gangan aka cike ta, da kasafin kuɗi. C.H. Mohammed Koya na Muslim League, wanda ya riƙe ma'aikatar ilimi daga 1967, ya matsa aka buɗe makarantu a yankin, aka ware tallafin karatu ga 'yan mata Musulmi, aka kafa jami'ar Kalikut a 1968. Ranar 18 ga Afrilu 1991, da aka taru a Kozhikode don shelanta cewa jihar ta kori jahilci, wata dattijuwa Musulma daga Malappuram, Chelakkodan Ayisha, wadda ta koyi karatu da girmanta, ita aka ba ta yi shelar. Uwar da ta iya karanta katin rigakafi da takardar magani, ta kuma iya rubuta takardar koke, ita ce ma'aikaciyar lafiya ta farko a gidanta.

Sauran aikin siyasa ce tsagwaronta. A 1957 'yan gurguzu suka ci zaɓe, E.M.S. Namboodiripad ya zama babban minista, wato mai riƙe da gwamnatin jiha. Ya taɓo ƙasa da makarantu, gwamnatin tarayya ta rushe gwamnatinsa a 1959. Amma maganar ƙasa ba ta mutu ba. Daga 1 ga Janairu 1970 doka ta mallaka wa masu noman haya gonakin da suke nomawa, leburan da ke zaune a bukka cikin gonar wani kuma aka ba shi ɗan filin da bukkar take. Filin bai taka kara ya karya ba, a ƙauye kashi ɗaya cikin goma na eka ne, amma wanda ba a iya korarsa daga gidansa yana iya ɗaga murya. Tun tsakiyar shekarun 1960 aka baza shagunan rabon shinkafa mai rahusa a ko'ina, yara kuma suna cin abincin rana a makaranta. A 1996 aka miƙa wa majalisun ƙauyuka da garuruwa kusan kashi 35 zuwa 40 cikin 100 na kuɗin ayyukan raya jiha, tare da ƙananan asibitoci. A 1998 aka kafa Kudumbashree, ƙungiyoyin adashi da sana'a na matan unguwa, masu mambobi fiye da miliyan 4. Tun daga zaɓen 2010 rabin kujerun majalisun nan na mata ne.

Daga 1982 har zuwa 2021 babu gwamnatin da ta ci zaɓe sau biyu a jere. Ƙawancen 'yan gurguzu ya hau, bayan shekara biyar ƙawancen jam'iyyar Congress da Muslim League ya karɓa, haka aka yi ta yi. Sun zama kamar kishiyoyi biyu a gida ɗaya, kowacce ta san idan ta yi sakaci da tukunya ranar girkinta, 'yar uwarta na nan tana jira. Wanda ya hau ba ya rushe asibitin da abokin hamayyarsa ya gina, sai dai ya yi ƙoƙarin ƙarawa a kai. A nan na ga bambancinmu da su. Mu idan an gina mana asibiti sai mu haɗa tawaga mu je godiya, mu ce mai girma ya taimaka mana. Mutumin Kerala a ganinsa biyan bashi aka yi, kuma akwai saura.

Abin da ya fi taɓa ni kuwa na gan shi ne ranar da Malam ya ce in bi su zagayen marasa lafiya. Shi ɗan sa-kai ne a ƙungiyar da ke jinyar waɗanda ciwonsu ba ya jin magani. Muka shiga wata ƙaramar mota, nas ɗaya, direba, Malam, da wata ɗaliba 'yar jami'a. Gida na farko wani magini ne da ya faɗo daga bene, ƙafafunsa suka mutu. Nas ta canza masa robar fitsari, ta wanke gyambon da kwanciya ta haifar a bayansa, ta tsaya tana nuna wa matarsa yadda za ta riƙa juya shi. Ɗalibar ta sauke buhun shinkafa a kicin ba tare da ta ce komai ba. Malam kuwa ya zauna da babban ɗan gidan yana tambayarsa kuɗin makaranta. Gida na biyu wata tsohuwa ce Hindu mai ciwon daji, 'ya'yanta duk suna Dubai. Nas ta ƙirga ƙwayoyin mofin da suka rage, ta rubuta a littafi, ta ba da na mako mai zuwa. Tsohuwar ta riƙe hannun Malam ta ƙi saki, shi da gemunsa da hularsa, ita da ɗigon ja a goshi. Babu wanda aka karɓi ko sisi a hannunsa.

Wannan aiki a 1993 ya faro, a wani ɗan ɗaki a asibitin koyarwa na Kozhikode, a hannun likitoci biyu, M.R. Rajagopal da Suresh Kumar. Da suka ga marasa lafiya ba sa iya zuwa, sai suka fara bin su gida. Da suka ga likita ba zai iya ciyar da iyalin da mai nema musu ya kwanta ba, sai suka mayar da ragamar hannun mutanen unguwa, likita da nas suka zama masu taimaka musu. A Malappuram abin ya fi kama ƙasa, ƙungiyoyin addini da malaman makaranta da 'yan kasuwa suka shigo. Mafi yawan kuɗin daga 'yan canjin da ake jefawa a akwatunan da ke kan teburin shaguna yake fitowa, kuma kowace 15 ga Janairu ɗalibai kan fita tituna neman gudummawa. Sai da jama'a suka yi nisa sannan hukuma ta biyo su. Jihar ta sassauta dokar mofin tun ƙarshen shekarun 1990, alhali majalisar tarayya ba ta gyara tata ba sai 2014. A 2008 Kerala ta zama jiha ta farko a Indiya da ta yi manufa a rubuce kan irin wannan jinya, aka ɗora wa kowace majalisar ƙauye ɗaukar nas mai bin gidaje.

Da na dawo da daddare na ce, "Yaya, yau na ga dubiya ta zama aikin hukuma." Ya yi shiru, sannan ya ce, "Ka tuna yadda Inna ta kwana tana kiran sunan Allah, mu kuma ba abin da za mu ba ta sai fanadol?" Na tuna. Zumunci da dubiya da zaman jinya ba wanda zai koya mana su. Abin da Inna ta rasa shi ne maganin kashe zafi mai araha da nas da za ta kawo shi har ɗaki, waɗannan kuwa sai doka da kasafi.

A watan Mayu 2018 wannan tsari ya sha gwaji. Cutar Nipah, wadda jemagu ke ɗauke da ita, ta ɓulla kusa da garin Perambra a gundumar Kozhikode. Cikin kwanaki aka gano ko mece ce, aka bi sawun mutum fiye da 2,000 da suka yi hulɗa da masu ita, aka tsare ta. Mutum 17 suka rasu, cikinsu har da Lini Puthussery, nas ɗin da ta yi jinyar waɗanda suka fara kamuwa a asibitin gwamnati na Perambra. Ministar lafiya ta lokacin, K.K. Shailaja, tsohuwar malamar makaranta ce, kuma ita ta jagoranci aikin lafiyar jihar da korona ta zo, don a Kerala aka sami mutum na farko mai cutar a Indiya ranar 30 ga Janairu 2020. Matan Kudumbashree suka buɗe ɗakunan girki suna kai wa waɗanda kulle ya tsare abinci. Duk da haka korona ta kashe fiye da mutum 70,000 a jihar kafin ta lafa.

Malam da kansa ya fi kowa lissafa mini aibin jiharsu. Matasa sun yi karatu babu aiki, fiye da mutum miliyan 2 suna ƙasashen waje, akasari a ƙasashen Larabawa, kuɗin da suke aikowa ne ke riƙe da gidaje da yawa, tsofaffi kuma an bar su su kaɗai. Mutane da dama sun fi son asibitin kuɗi, abin da iyali ke kashewa daga aljihu kan magani yana cikin mafi yawa a Indiya. Ciwon suga ya yi katutu, kusan babba ɗaya cikin biyar. Kashe kai ya fi na yawancin jihohi. A Malappuram ɗin nan, jita-jita kan rigakafi ta sa wasu iyaye suka ƙi, mashaƙo ya dawo ya kashe yara a 2015 da 2016, sai da malaman addini da 'yan siyasa suka fito suka mara wa ma'aikatan lafiya baya. Wanda ya ga abin da mashaƙo ya yi a Kano a 2023 ya san wannan ciwon.

Sannan ya ambaci Attappady, ya ce idan ina son sanin iyakar abin da suke taƙama da shi, can ne. Wani kwari ne a cikin duwatsun gundumar Palakkad, mazaunin ƙabilun Irula da Muduga da Kurumba. Irin waɗannan ƙabilu na asali ba su kai kashi 2 cikin 100 na mutanen jihar ba, ƙuri'arsu ba ta kayar da kowa. Rabon ƙasa na 1970 ya tsallake su, baƙi daga ƙasan dutse suka mamaye gonakin da suke noma gero da wake. A 1975 majalisar jiha ta yi dokar mayar musu da filayensu, ba a aiwatar da ita ba, a 1999 kuma aka maye gurbinta da wata mai sassauci ga waɗanda suka mamaye, manyan ɓangarorin siyasar biyu duk suna goyon baya. A 2013 jarirai fiye da 30 suka rasu a wannan kwari, iyayensu mata na fama da ƙarancin jini da yunwa, a jihar da duniya ke zuwa koyon yadda ake raya jarirai. Jaridu suka yi ca, ministoci suka hau dutse, aka buɗe ɗakunan girki na unguwa, aka ƙara ma'aikata a asibitin yankin. Mutuwar ta ragu, amma a ƙarshen 2021 an sake binne jarirai a jere cikin 'yan kwanaki. A Fabrairu 2018 wasu mutane suka kama wani saurayi ɗan ɗaya daga cikin ƙabilun yankin bisa zargin satar shinkafa, suka ɗaure shi suka yi ta duka har ya rasu. Shari'ar ta yi ta jan ƙafa, shaidu da dama suka janye maganarsu. Mahaifiyarsa da 'yar uwarsa suka ƙi haƙura, suka yi ta zirga-zirga tsakanin kotu da ofisoshi, har a watan Afrilu 2023 kotu ta sami mutum 14 da laifi.